Daga Allon Zane Zuwa Kwamfuta: Jan Hankali Ga Masu Aiko Da Kuɗin Gini Gida

Daga Wakilinmu na Arewa, Azare

KWANAN baya na yi tattaki zuwa Sakwa, cikin Ƙaramar Hukumar Zaki ta Jihar Bauci, don in gano wa wani ɗan'uwana aikin ginin da ya sa ake yi masa. Shi wannan bawan Allah ya daɗe yana neman abinci a kasuwar Mil 12 ta Ikko, yana tara taro da sisi, ba shi da wani buri da ya wuce ya kafa gidan kansa a garinsu tun ƙarfi bai ƙare ba. Kafin in tashi ya turo mini hoton gidan ta WhatsApp. Gida ne sai ka ce a Abuja yake, fenti fari fat, kwano ja, ga furanni a bakin ƙofa, har da mota a ajiye a gindin bishiya. Ya shaida mini cewa wani yaro ne ya zana masa da kwamfuta, kuma ya biya shi hakkinsa.

Da na isa filin sai na tarar an haƙa rami har an fara jera bulo. Na roƙi birkila ya nuna mini taswirar da yake bi, sai ya zaro wayarsa ya nuna mini wannan hoto dai da ke cikin tawa wayar. Ban da shi babu wata takarda. Ba a rubuta faɗin ɗaki ba, ba a faɗi zurfin harsashi ba, balle kaurin rodi ko yawansa. Birkilan yana duban hoto ne yana aunawa da ido, sauran kuwa ya bar wa Allah.

Wannan shi ya sa da na komo Azare na zauna da waɗansu samari masu sana'ar zanen gine-gine, na kuma bi diddigin yadda aka yi kwamfuta ta shiga wannan sana'a. Ga abin da na samo, don amfanin 'yan'uwanmu mazauna Ikko da Badun da Shagamu da Anaca da Fatakwal, waɗanda guminsu ke komawa gida ya zama siminti da kwano.

YADDA AKE YI A DA

Iyayenmu magina ba su san takarda ba. Taswirarsu tana cikin ka, su shata ta a ƙasa da ƙafa, sa'an nan a kawo tubali da azara a tayar da zaure da shigifa da soro. Da irin wannan sani ne Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina Masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wajen shekarun 1830. Amma fa maginin da ya shata shi ne mai ginawa, kuma ɗan gari ne, ya san inda ruwa ke kwanciya da inda ƙasa ke cin bango.

Da Turawa suka zo da ginin siminti da ƙarfe sai aikin ya rabu biyu, mai zane daban, mai gini daban, takarda ce ke haɗa su. A Ma'aikatar Ayyuka akwai ofishin zane, inda za ka ga ma'aikata sun duƙufa a kan manyan alluna da rula da fensir da alƙalamin tawada, suna zane a kan takarda mai shara-shara. In aka yi kuskure sai a kankare da reza, in kuwa maigida ya ce a ƙara faɗin ɗaki guda, to, aikin kwanaki ya komo baya. A shekarar 1955 aka mayar da makarantar koyon zanen gine-gine daga Badun zuwa Zariya, wadda ta zama wani sashe na Jami'ar Ahmadu Bello a 1962. Lokacin da aka ƙirƙiro Jihar Bauci a 1976, da hannu ake zana ofisoshi da makarantu da asibitoci a ƙasar nan.

INJI DA MANHAJA

Kafin mu ci gaba, ya kamata mai karatu ya rarrabe abu biyu. Akwai injin kwamfuta kansa, akwai kuma manhaja, watau jerin umarnin da ake ɗura masa don ya yi wani aiki. Kamar doki ne da mahayi, kome gwanintar mahayi ba zai wuce ƙarfin dokinsa ba.

Shi zane aiki ne mai cin ƙarfin inji ƙwarai, domin kwamfuta ba ta ganin layi yadda ni da kai muke gani. A wurinta kowane layi lambobi ne, inda ya fara da inda ya ƙare. In aka ce ta juya gida a ga bayansa, sai ta sake lissafa matsayin kowace kusurwa ta gidan. In kuma aka ce ta sa masa fenti da inuwa, sai ta lissafa launin kowane ɗigo na gilashinta, alhali kuwa gilashin kwamfutar yau yana da ɗigo wajen miliyan 2. Saboda haka tarihin manhajar zane yana tafe ne kafaɗa da kafaɗa da tarihin ƙarfin inji.

KWAMFUTA MAI CIKA ƊAKI

A shekarar 1963 wani ɗalibi Ba'amurke mai suna Ivan Sutherland, na babbar makarantar fasaha ta MIT, ya fito da manhajar da ya kira Sketchpad. Yana riƙe wani alƙalami mai gane haske, ya ja layi a kan gilashi, layin ya bayyana. In layin ya karkace sai ya umarci injin ya miƙe shi. In ya zana abu guda ya kwafe shi wurare da yawa, da zarar ya gyara na asalin sai sauran duk su gyaru. Har gada ya zana, ya sa injin ya lissafa nauyin da ke kan ƙarafanta. Amma injin da ya yi amfani da shi, mai suna TX-2, ya cika ɗaki guda, kuma guda ɗaya tak aka ƙera.

Don haka a farkon al'amari sai manyan kamfanoni masu hannu da shuni ne suka iya shiga. Kamfanin motoci na General Motors ya haɗa kai da IBM suka nuna nasu tsarin mai suna DAC-1 a 1964. A Faransa wani injiniyan kamfanin Renault mai suna Pierre Bézier ya fito da hanyar lissafa lanƙwasar jikin mota, hanyar da har gobe manhajojin zane ke bi. Kamfanin jiragen sama na Dassault, shi ma a Faransa, ya fara haɗa tasa manhajar a 1977, wadda aka sani da CATIA. A shekarun 1970 an sami injuna matsakaita da ake sayarwa haɗe da manhajarsu, amma kuɗinsu yakan kai dala dubu ɗari ko fiye, kuma sai an tanadar musu ɗaki mai sanyi da wutar da ba ta yankewa.

TA SAUKO KAN TEBUR

Abin da ya sauya lamarin shi ne taransista, irin wanda dattawanmu suka sani a akwatin rediyo. A cikin kwamfuta aikinsa kamar makunnin fitila ne, ya kunna ya kashe, kuma da yawansu ake auna ƙarfin lissafi. A 1965 wani masani mai suna Gordon Moore ya lura cewa yawan taransistan da ake iya cusawa a ɗan ƙaramin guntu guda yana ninkawa kowace shekara, daga baya a 1975 ya gyara ya ce kowace shekara biyu. Maganarsa ta tabbata shekaru da dama. A 1971 kamfanin Intel ya fito da ƙwaƙwalwar kwamfuta sukutum a guntu guda da bai kai farcen babban yatsa ba, mai taransista 2,300. A 1985 ya kai 275,000, a 1993 kuwa ya haura miliyan 3.

A watan Agusta na 1981 kamfanin IBM ya fito da kwamfutar da mutum zai aza a kan teburinsa. Ba a daɗe ba, a watan Disamba na 1982, wani ƙaramin kamfani a Kalifoniya mai suna Autodesk ya fito da AutoCAD a kan dala 1,000. Manyan kamfanoni sun raina ta da farko, don layi da da'ira kawai take ja a shimfiɗe, kuma in zanen ya yi yawa sai mai zane ya zauna yana jiranta ta gama sake jerawa. Masu hali sukan sayi wani guntu na musamman mai taimakawa da lissafi su ƙara wa injin don ya yi sauri. Duk da haka, ƙaramin ofishi ya sami abin da a da sai kamfanin jirgin sama. Daga nan allon zane ya fara ja da baya.

DAGA LAYI ZUWA GINI SUKUTUM

Da injuna suka ƙara ƙarfi sai manhaja ta bar zanen shimfiɗe ta koma siffanta abu da tsawonsa da faɗinsa da kaurinsa. A 1988 aka fito da Pro/ENGINEER, wadda in ka sauya awo guda sai duk abin da ke rataye da shi ya bi. Jirgin saman Boeing 777, wanda ya fara tashi a watan Yuni na 1994, da CATIA aka zana shi gaba ɗaya a kan manyan kwamfutocin IBM, aka gwada haɗuwar sassansa a cikin inji tun ba a yanka ƙarfe ba. Shekara guda bayan haka, a 1995, SolidWorks ta kawo irin wannan aiki kan kwamfutar tebur mai Windows.

Wani abin mamaki shi ne, wasan yara ma ya taimaka. Masu wasannin kwamfuta suna son hoto mai motsi da sauri, sai kamfanoni irin su Nvidia suka shiga ƙera guntu na musamman wanda ba shi da aiki sai lissafin hoto, kamar GeForce 256 na shekarar 1999. Irin wannan guntu ne ya sa a yau ake iya juya gida a gilashi kamar ana juya ƙwarya a hannu, a sa masa hasken rana da inuwar bishiya cikin ɗan lokaci.

Ta fuskar gine-gine kuwa, wani kamfani a ƙasar Hangari mai suna Graphisoft ya fara tun 1984 da manhajar da ta zama ArchiCAD, sa'an nan Revit ta fito a shekarar 2000, Autodesk ya saye ta a 2002. Bambancin waɗannan da na farko shi ne, a cikinsu bango ya san shi bango ne. Yana da tsawo da kauri da irin kayan da za a gina shi da su. In ka matsar da ƙofa a shimfiɗar ɗakuna, za ta matsa a duk sauran zanen. Daɗin daɗawa, manhajar tana iya ƙidaya ƙofofi da tagogi, ta faɗi faɗin bango da na rufi, wanda daga nan ake fitar da yawan bulo da siminti da kwano.

YADDA ABIN YA ISO MANA

A yau wayar hannu mai gigabayit 4 ta ninka ma'ajiyar aikin kwamfutar IBM ta 1981, mai kilobayit 16, fiye da sau 250,000, guntun da ke cikin manyan wayoyi kuwa yana ɗauke da taransista fiye da biliyan 10. Wannan ne ya sa aikin da a 1963 sai injin da ya cika ɗaki, yanzu saurayi yana yinsa a shago a Azare da kwamfutar tafi-da-gidanka, ko da ta hannu ce ya saya, in an ɗauke wuta ya jona ta da sola ko janareto. Ana koyar da zanen gine-gine a Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa ta Bauci da Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya da manyan makarantun fasaha, kuma da kwamfuta ɗaliban yau suke aikinsu. Tun da wayar salula ta shigo Nijeriya a 2001, daga baya kuma intanet ta shiga aljihun kowa, mutum yana Agege zai ga zanen gidansa na Sakwa a ranar da aka gama shi.

Wannan ci gaba ne babu shakka, kuma sana'a ce da ya kamata iyaye su ƙarfafa wa 'ya'yansu gwiwa su koya. Sai dai ƙarfin injin ya zo da wata matsala. A zamanin allo, hoton gida mai launi shi ne aiki mafi wuya, sai gwani, saboda haka duk wanda ya iya shi ya riga ya iya sauran. Yanzu hoton ne ya fi kome sauƙi. Yaron da ya yi 'yan makonni yana koyo zai iya sauko da gidan wata ƙasa daga intanet, ya sauya masa fenti ya tura maka. Samarin da na zauna da su a Azare sun nuna mini bambancin da idona. Hoton fuska guda ne, cikakkiyar taswira kuwa takardu ne da dama, kowace cike da lambobi, kuma waɗannan lambobi su ne birkila da kafinta da mai ɗaurin rodi suke bukata.

ABIN DA KWAMFUTA BA TA SANI BA

Kwamfuta ba ta taɓa zuwa Sakwa ba. Abin da aka gaya mata shi take lissafawa, in an ba ta ƙarya ta mayar da ƙarya cikin kyakkyawan rubutu. Ƙasar Zaki tana cikin kwarin kogunan Haɗeja da Jama'are, inda ƙasa take shimfiɗe, ruwa kuma yakan malala ya kwanta in damina ta yi ƙarfi. Ba a manta da ambaliyar 2012 ba, haka kuma ta 2022 wadda ta hallaka mutane fiye da 600 a faɗin ƙasar nan, Zaki da Gamawa suna cikin wuraren da suka ɗanɗana kuɗarsu. A watan Agusta na 2024 ma ruwa ya yanke babbar hanyar Kano zuwa Maiduguri a kusa da Azare. Gidan da aka zana don tudun Abuja, in aka dasa shi a irin wannan ƙasa ba tare da an ɗaga daɓensa ba, ranar da ruwa ya zo fentin ba zai hana shi shiga ba.

Haka kuma batun zafi. A watannin bazara zafin wannan yanki yakan haura digiri 40. Manyan tagogin gilashi masu fuskantar yamma suna da kyau a hoto, amma da la'asar sai ɗaki ya zama tanda. Manhajojin yau suna iya nuna inda rana za ta bugi gida a kowane wata na shekara, in mai zanen ya san aikinsa kuma an nemi ya duba. Sa'an nan ga al'adarmu. Sau da yawa gidan da aka kwafo ba shi da zaure, ba shi da tsakar gida, baƙo yana shigowa sai ya faɗa kan iyali, wurin girki da itace ma babu.

Mazauna Ikko ba sa bukatar a tuna musu abin da ya faru a Ikoyi ranar 1 ga Nuwamba 2021, sa'ad da bene mai hawa 21 da ake ginawa ya rufta, mutane fiye da 40 suka rasa rayukansu. Gini kowane iri ne, ƙarami ko babba, abin da ke riƙe shi yana cikin ƙasa da cikin kankare, inda ido ba ya gani.

SHAWARA GA MAI GINI

Na farko, kada ka saki kuɗin bulo sai ka ga cikakkiyar taswira a takarda, mai nuna shimfiɗar ɗakuna da awonsu, da fuskokin gidan, da zanen da ya tsaga ginin daga harsashi har rufi.

Na biyu, in bene ne, ko akwai babban falo mai faɗi, lalle a sami zanen injiniya mai nuna kaurin rodi da yawansa da haɗin kankare. Doka ta kafa hukumar ARCON tun 1969 don rajistar masu zanen gine-gine, da COREN tun 1970 don injiniyoyi. Ba laifi ba ne ka tambayi wanda zai sa hannu a zanenka ko yana da rajista.

Na uku, mai zanen ya je ya taka filin da ƙafarsa, ya ga irin ƙasar, ya tambayi dattawan unguwa inda ruwa ya tsaya a shekarun ambaliya, sa'an nan a ɗaga daɓen gidan ya wuce nan, a kuma fitar wa ruwa hanya.

Na huɗu, ka nemi a ba ka lissafin kayan aiki a rubuce, bulo nawa na inci 9 da na inci 6, siminti buhu nawa, rodi nawa, kwano bandir nawa. Da wannan takarda a hannunka, in an bugo waya an ce siminti ya ƙare, kana da abin dubawa. Zumunci da yawa ya lalace a kan kuɗin gini, kuma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Na biyar, a buga taswirar kashi uku, ɗaya a wurinka, ɗaya a wurin birkila, ɗaya a wurin wanda ka amince ya duba maka. Kafin a zuba kankare a ko'ina, a ɗauko maka hoton rodin da tef ɗin awo a kansa. In kuma a cikin gari ne kamar Azare, a kai taswirar ofishin da ke ba da izinin gini tun ba a fara ba.

Shi dai ɗan'uwan nawa na buga masa waya daga Sakwa na gaya masa abin da na gani. Ransa bai so ba, don ya ƙosa ya ga an kai linta kafin damina, amma ya yarda aka dakatar da aikin. An sami mai zanen da ya je ya ga filin, ya fitar da taswira mai awo, aka ƙara tsawon harsashi, aka kuma mayar da zauren da hoton farko ya manta da shi. Kuɗin da wannan ya ci bai kai na sake tayar da bango guda ba.

Allah ya sa wa neman kowa albarka, ya komo da matafiya gida lafiya, ya sa gumin da aka zubar a Kurmi ya zama inuwar da iyali za su daɗe suna sha. Amin.